Kabewa, Sukari da Tanderu: Tarihin Wani Gato na Iyali

A ƙasar Amurka, idan kaka ta yi, aka kwashe amfanin gona, sanyi ya fara shigowa, akwai wani abin zaƙi da iyalai suka saba haɗuwa a kansa. Ana samun wata irin kabewa mai dogon wuya da gindi kamar na gora, mai fata ruwan ƙasa da tsoka ruwan goro, a tsaga ta biyu, a gasa, a kwashe tsokar a dama ta da ƙwai da madara da sukari da kayan ƙamshi, a zuba cikin faranti da aka shimfiɗa wa kwaɓin fulawa, a mayar cikin tanderu. Abin da ke fitowa wani gato ne mai laushi da ake yankawa a raba wa yara da manya bayan an ci abinci. Amurkawa suna kiran wannan kabewa butternut, wato mai santsin man shanu da garɗin gujiya, a kasuwannin Faransa kuma akan ce mata doubeurre. A nan za a kira ta kabewa mai wuya.

Uwargidan da ke gasa wannan gato takan ɗauke shi gadon kaka da kakanni, kuma tana da gaskiya ta wani fanni. Sai dai irin kabewar da ke hannunta bai cika shekara ɗari da samun suna ba, sukarin da kayan ƙamshin kuma kowane daga wata nahiya ya fito, ta hanyoyin da ba su da daɗin ji. Wanda ya bi sawun waɗannan kaya ɗaya bayan ɗaya zai lura da abu guda: tarihi ya riƙe sunan wanda ya rubuta littafi, da wanda ya sa hannu a kan doka, da wanda ya buga tambari a jikin gwangwani, amma waɗanda suka yi aikin da ya fi tsawo da wuya, manoman farko da bayin gonakin rake, sunansu ya bi iska. Bahaushe ya riga ya faɗa: kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Daga ɗaci zuwa zaƙi

Dukkan dangin kabewa, waɗanda masana tsirrai ke kira Cucurbita, ƴan asalin nahiyar Amurka ne. Kakanninsu na daji ƙananan ƴaƴa suke yi, masu taurin ɓawo da tsoka mai tsananin ɗaci, irin ɗacin da ke sa amai da zawo. Manyan dabbobin dā, dangin giwa da suka ƙare sama da shekaru dubu goma da suka wuce, su ne ke cin waɗannan ƴaƴa suna baza irinsu, har an samu ƙwayoyin kabewar daji a cikin tsohon kashin irin waɗannan dabbobi a jahar Florida. Da dabbobin suka ɓace, sai ɗan Adam ya gaji aikinsu.

A kogon Guilá Naquitz da ke jahar Oaxaca ta ƙasar Meksiko an tono ƙwayoyin kabewa da aka noma, kuma a shekara ta 1997 masanin nan Bruce Smith ya nuna cewa sun kai kimanin shekaru 10,000. Wannan ya sa kabewa cikin sahun farko na tsirran da aka fara nomawa a duniya. A kwarin Ñanchoc na arewacin ƙasar Peru kuma an samu ƙwayoyin jinsin da ake kira moschata, wanda kabewa mai wuya ta fito daga cikinsa, masu sama da shekaru 9,000. Da farko ƙwayoyin ake nema, saboda suna da mai kuma ba su da ɗacin tsokar. Sannu a hankali, damina bayan damina, manoma suna ajiye irin wadda ta fi girma, wadda ɗacinta ya fi sauƙi, wadda tsokarta ta fi kauri, har aka samu jinsi biyar na kabewar gida. Zaƙin da yaro ke ji yau a bakinsa sakamakon wannan zaɓe ne na dubban shekaru, wanda mutanen da ba su bar rubutu ba suka yi.

Al'ummu da yawa na arewacin nahiyar, kamar ƙabilun Haudenosaunee, sun saba shuka masara da wake da kabewa a gona ɗaya, suna kiran su ƴan'uwa mata uku. Masara ta zama sandar da wake ke hawa, wake ya ƙara wa ƙasa ƙarfi, kabewa kuma ta shimfiɗa faffaɗan ganyenta ta tsare laima ta danne ciyawa. Manomin da ya saba haɗa hatsi da wake a gona ɗaya ba ya buƙatar dogon bayani a kan hikimar, ko da yake waken Amurka wani jinsi ne dabam da wanda ake nomawa a Afirka. A yawancin waɗannan al'ummu mata ne ke riƙe da gona da iri. Sukan gasa kabewa cikin toka mai zafi, su yanka wata su shanya don ajiyar lokacin sanyi, wani lokaci su zaƙaƙa ta da ruwan wani icce mai zaƙi da ake tatsa a dafa har ya yi kauri. Kalmar da Turawan Ingila ke kiran kabewa da ita a yau ma aro ce daga harshen ƙabilar Narragansett, kamar yadda Roger Williams ya rubuta ta cikin littafinsa na shekarar 1643.

Ƙetare teku

Bayan tafiyar Kolombus ta 1492, kabewa ba ta daɗe ba ta isa Turai. Hotonta na farko da aka sani a can yana cikin littafin addu'o'in sarauniyar Faransa Anne de Bretagne, wanda mai zane Jean Bourdichon na birnin Tours ya ƙawata tsakanin 1503 da 1508. A ƙarni na 18 wani masanin tsirrai na Faransa, Antoine-Nicolas Duchesne, ya duƙufa a kan rarrabe jinsunan kabewa, kuma daga gare shi sunan moschata ya fito, wato mai ƙamshin miski.

Turai ta ba kabewa abubuwan da ba ta sani ba a gida: alkama, madarar shanu, man shanu, da tanderun gasa burodi. A shekara ta 1651 wani shahararren kuku, François Pierre de La Varenne, ya buga littafinsa Le Cuisinier françois, inda ya bayyana yadda ake dafa kabewa da madara, a tace, a haɗa da sukari da man shanu, a gasa cikin kwaɓin fulawa. An fassara littafin zuwa Ingilishi a 1653. Wannan shi ne kakan gaton da ake magana a kansa.

Ana yawan faɗa wa yaran Amurka cewa baƙin da suka sauka a Plymouth sun ci gaton kabewa tare da ƙabilar Wampanoag a bikin kaka na 1621. Masana tarihi sun nuna cewa a wannan shekara baƙin ba su da fulawar alkama, ba su da man shanu, ba su gina tanderu ba tukuna. Kabewa kam sun ci, domin ita da masara ne suka tsare su daga yunwa, kuma daga mutanen ƙasar suka koyi noman su. A shekarun farko abincin dole ce, ana dafa ta safe da yamma har ta gundure su. Kafin ta zama abin marmari sai da wani abu ya shigo, wato zaƙi mai araha.

Farashin zaƙi

Rake ɗan asalin tsibirin Niyu Gini ne. A Indiya aka fara mayar da ruwansa ƙwayoyi, Larabawa suka kai shi ƙasashen Bahar Rum, kuma daga kalmarsu Hausa ta samu sukari, Faransanci ya samu sucre. A tafiyarsa ta biyu, cikin 1493, Kolombus ya kai rake tsibirin Hispaniola. Daga nan gonakin rake suka mamaye Birazil da tsibiran Karibiyan, kuma noman rake aiki ne mai cin rai: sara cikin rana, matsewa dare da rana kafin ruwan ya lalace, tsayuwa gaban manyan tukwane masu tafasa. An ƙiyasta cewa ƴan Afirka wajen miliyan 12 da rabi aka loda cikin jiragen ruwa aka nufi nahiyar Amurka da su, kuma kaso mafi girma ƙasashen rake aka kai su. A ƙarni na 18 yankin Saint-Domingue da Faransa ke mulka shi ne kan gaba wajen fitar da sukari, har zuwa tawayen bayi na 1791 wanda ya haifi ƙasar Hayiti a 1804.

Farin sukari a lokacin na masu hali ne. Talakan yankin Niyu Ingila, wato arewa maso gabashin Amurka inda gaton kabewa ya kafu, da maɗin rake yake zaƙaƙa abincinsa, wannan baƙin ruwa mai kauri da ke saura bayan an fitar da sukari. An dogara da shi har a shekara ta 1705 garin Colchester na Connecticut ya ɗage bikin godiyarsa da mako guda saboda maɗin da ake jira bai iso ba. Wannan maɗi shi ne kuma ake mayarwa barasa, a loda a jirgi a kai gaɓar Afirka a musanya da mutane. Ƴan kasuwar ƙaramin yankin Rhode Island kaɗai sun shirya tafiya sama da 900 tsakanin 1709 da 1807, suka kwashi mutum fiye da 100,000. Harajin da majalisar Ingila ta ɗora wa maɗi a 1733, ta tsaurara karɓarsa a 1764, yana cikin abubuwan da suka ɓata tsakaninta da mazauna Amurka kafin yaƙin neman ƴanci.

Ƙasar Hausa ba ta kuɓuta daga wannan ciniki ba. Yaƙe-yaƙen da suka ɓarke a Gobir da maƙwabtanta daga 1804 sun jefa fursunoni da yawa hannun fatake, aka gangara da su bakin teku, aka sauke su a Bahiya ta Birazil, ƙasar rake. Takardun hukumar wurin sun ambaci Hausawa a matsayin jagororin yunƙurin tawaye na 1807 da na 1809 da na 1814. 

Kayan ƙamshin ma haka labarinsu yake. Gyaɗar ƙamshi da ake gogawa cikin kwaɓin, a dā tsibiran Banda na ƙasar Indunusiya kaɗai ke fitar da ita. A shekara ta 1621, shekarar bikin Plymouth, gwamnan kamfanin Holan, Jan Pieterszoon Coen, ya afka wa tsibiran, aka kashe ko aka kora ko aka bautar da mafi yawan mutanensu da aka ƙiyasta sun kai 15,000, don kamfanin ya mallake cinikin shi kaɗai. A yarjejeniyar Breda ta 1667 Ingila ta bar wa Holan ɗan tsibirin Run na Banda, ita kuma ta riƙe Manhattan, inda birnin Niyu Yok yake a yau. Kirfa kuma daga tsibirin Silan take zuwa, wanda Fotugal ta riƙe, Holan ta ƙwace a 1658, Ingila ta karɓe a 1796. Rabin cokalin shayi na garin ƙamshi, ga nauyin abin da ke bayansa.

Daga littafin marainiya zuwa dokar ƙasa

A waccan shekara ta 1796, a birnin Hartford, aka buga littafin girki na farko da wata ƴar Amurka ta wallafa, mai suna American Cookery. Marubuciyar, Amelia Simmons, ta gabatar da kanta a matsayin marainiya, kuma don ƙarancin karatu sai da ta nemi wani ya shirya mata rubutun. A cikin littafin akwai hanyoyi biyu na gasa kabewa da madara da ƙwai cikin kwaɓi, ɗaya da sukari da gyaɗar ƙamshi da citta, ɗaya da maɗi. Akwai kuma wata hanya ta musamman ta sarrafa kabewa mai lanƙwasasshen wuya, wadda ita ce uwar kabewa mai wuya ta yau. Daga wannan littafi gaton ya samu siffar da aka san shi da ita.

Wadda ta mayar da shi abin ƙasa baki ɗaya wata mace ce kuma, Sarah Josepha Hale. A littafinta na ƙagaggen labari Northwood, na 1827, ta zana teburin bikin godiya na mutanen Niyu Ingila, ta ba gaton kabewa babban matsayi. Da ta zama shugabar mujallar mata Godey's Lady's Book, ta yi shekara 17 tana rubuta wa gwamnoni da shugabannin ƙasa wasiƙu don a tsayar da rana ɗaya ta godiya ga kowa. Mutanen kudu, masu riƙe da bayi, da yawansu sun ƙi, suna ganin al'adar ƴan arewa ce ake so a ɗora musu. A tsakiyar yaƙin basasa, ranar 3 ga Oktoba 1863, shugaba Abraham Lincoln ya amsa kiranta, ya ayyana Alhamis ta ƙarshe ta Nuwamba. A 1941 majalisa ta tsayar da ita Alhamis ta huɗu ta watan.

A kudu, inda masu girki da yawa baƙaƙen fata ne, dankali ya tsaya a madadin kabewa, kuma har yau gaton dankali ne iyalan baƙaƙen Amurka da yawa suka fi so. Abby Fisher, wadda aka haifa cikin bauta kuma ba ta iya rubutu ba, ta yi shiftar littafinta na girki aka buga shi a San Francisco a 1881, da gaton dankali a ciki. Tana cikin ƴan ƙalilan daga dubban kuyangin ɗakin girki da sunansu ya tsira, kuma takarda ce ta tsirar da shi.

Cikin ƙarni na 19 sauran sharuɗɗan suka cika. Sukarin gwoza, wanda aka kafa masana'antarsa ta farko a yankin Silesiya a 1801, Napoleyon kuma ya ƙarfafa shi a Faransa daga 1811, ya taimaka wajen karya farashi. Murhun ƙarfe mai tanderu ya shiga gidajen talakawa. An fara sayar da madarar gwangwani marar sukari a jahar Illinois a 1885. A 1896 Fannie Farmer ta makarantar girki ta Boston ta yaɗa awo da kofi da cokali a shafe, har amaryar da ba ta taɓa tsayawa kusa da uwarta a madafa ba ta iya bin littafi ta fitar da abu mai kyau.

Gwangwani da sabon iri

A shekara ta 1929 kamfanin Libby's ya shiga cinikin niƙaƙƙiyar kabewa ta gwangwani, daga 1950 kuma ya riƙa buga hanyar yin gato a jikin gwangwanin. Abin da mutane da yawa ke kira sirrin kakarsu, daga wannan takarda aka kwafe shi. Kabewar da kamfanin ke nomawa a kewayen garin Morton na Illinois irin Dickinson ce, doguwa mai fata ruwan ƙasa, ƴar jinsin moschata. Jar kabewa mai zagaye da ake nunawa a hotuna ruwa ne da zare suka cika ta, shi ya sa masu girki ba su cika son ta ba. Wanda ya gasa kabewa mai wuya a gida ya fi kusa da ɗanɗanon gwangwanin fiye da wanda ya sayi jar.

Ita kabewa mai wuya ta bayyana ne a jahar Massachusetts cikin shekarun 1930, daga tsohon irin nan mai lanƙwasasshen wuya wanda ke da wuyar shiryawa cikin akwati, kuma masu sayar da iri na Boston suka fara tallar ta. Iyalan wani mutumin garin Stow, Charles Leggett, sun ce shi ya gyara irin a gonarsa cikin shekarun 1940, ya raɗa masa suna, ya kai shi tashar binciken noma ta garin Waltham. Irin farko yana da aibi guda: a kowace gona sai wasu ƴaƴan su koma lanƙwasa irin ta uwarsu. Malamin tashar Robert Young ya yi shekaru yana zaɓe har ya samu iri tsayayye mai miƙaƙƙen wuya, wanda ya ci lambar yabo ta ƙasa a 1970. Sunan da ya bi duniya shi ne Waltham, sunan tashar da ke da hatimi.

A wannan shekara ta 1970 ne kuma jikokin mutanen farko suka taru a Plymouth ranar bikin godiya, ƙarƙashin jagorancin Wamsutta Frank James na ƙabilar Wampanoag, bayan an hana shi karanta jawabin da ya shirya. Suka kira ranar ranar makoki, kuma tun daga lokacin suke taruwa kowace shekara, a daidai sa'ar da ake fitar da gato daga tanderu a sauran gidaje.

Abin da ke faruwa cikin tanderu

Dalilin da ya sa wannan iri ya ture sauran a ɗakin girki a fili yake. Wuyanta tsoka ce zalla, ƙwayoyin suna taruwa a gindi, fatar kuma siririya ce. Idan aka ajiye ta makonni bayan girbi a wuri mai iska, sitacin cikinta yana juyewa sukari, saboda haka ta ajiya ta fi sabuwa zaƙi, kuma tana iya yin watanni ba ta lalace ba. Launin tsokar alama ce ta sinadarin da jiki ke mayarwa bitamin A.

Gashi ya fi dafuwa cikin ruwa, domin zafi yana ƙone ruwan tsokar ya tattara zaƙin. Kabewa mai kilo ɗaya, in an tsaga ta aka kife cikin tanderu mai digiri 200, takan nuna cikin minti 45 zuwa awa guda, ta ba da kusan kofi biyu na tsoka. Ana haɗa wannan da ƙwai biyu ko uku, gwangwani ɗaya na madara, sukari wajen giram 150, ɗan gishiri, kirfa, citta, kanumfari da gyaɗar ƙamshi. Ana fara gashin da wuta mai ƙarfi na minti 15 don kwaɓin ƙasa ya kama, sannan a rage zuwa digiri 180 na minti 40 ko fiye. Ƙwan ne ke daskarar da haɗin, kuma in wuta ta yi masa yawa sai ya tsuke ya tsage fuskar gaton. Don haka ƙwararru ke fitar da shi tun tsakiyarsa na ɗan rawa, su bar shi ya ƙarasa da zafin jikinsa.

Ba Amurka kaɗai ta haɗa kabewa da zaƙi ba. A Meksiko, lokacin bikin tunawa da matattu a farkon Nuwamba, ana dafa ta da mazarƙwaila da kirfa, ana kiran abincin calabaza en tacha, daga sunan tukwanen masana'antar rake. A Turkiyya ana jiƙa ta da sukari a dafa a barbaɗa mata ƴaƴan icce, a Indiya ana yin alewa da ita, a Afirka ta Kudu kuma ana soya ta kamar fanke a yayyafa kirfa.

Baƙuwar da ta zama ƴar gida

A kasuwannin Maraɗi da Damagaram da Tawa da Yamai, kabewa, wadda wasu ke kira kabushi, ana yanka ta ɓari-ɓari a sayar, kuma ba wanda ke mata kallon baƙuwa. Ita ma daga waccan nahiya ta zo bayan 1492, tare da masara da rogo da gujiya da dankali da tomati da tonka. Wasu sun shigo ta gaɓar teku ta hannun ƴan Fotugal, wasu ta arewa da gabas, kamar yadda sunan masara ke nuni ga ƙasar Masar. Jinsin moschata yana jure zafi, shi ya sa ya ji daɗin ƙasashe masu rana. Miyar taushe, wadda ake ci da tuwon shinkafa ko waina ranar salla, in aka cire mata kabewa da gujiya da tomati da tattasai, abin da zai saura kaɗan ne. Duma kuwa, mai ba da ƙwarya da gora da ludayi, ɗan Afirka ne, kuma shi ya riga yin tafiyar ta ɗaya gefen: an same shi a nahiyar Amurka tun kimanin shekaru 10,000 da suka wuce, kuma binciken ƙwayoyin halitta da aka buga a 2014 ya nuna cewa igiyar teku ce ta kai shi daga Afirka.

Bahaushiya ta kai kabewa tukunyar miya, ta bar zaƙi ga nakiya da alkaki da dubulan da alewa, abubuwan gara da biki waɗanda zuma da mazarƙwaila suka riƙe kafin sukarin kwali ya wadata. Iri ɗaya ne, madafa biyu suka ba shi makoma biyu. A nan ma aikin zaɓe bai tsaya ba. Matar da ta fasa kabewa ta ga tsokarta ta yi ja da kauri, ta wanke ƙwayoyin ta shanya ta ƙulle cikin tsumma don damina mai zuwa, aikin manoman Oaxaca take ci gaba da shi, kuma irin da ke yaɗo a bayan danga ko a garkar noman rani ya saba da ƙasar ne ta hannun irinta.

Nijar ta riga ta ɗanɗana abin da ke faruwa ga irin da ba shi da takarda. A shekarun 2000 wani kamfanin iri na waje ya nemi a rubuta masa albasar Galmi da sunansa a hukumar OAPI mai kula da haƙƙin mallakar fasaha a ƙasashen Afirka, sai da manoma da hukuma suka tashi tsaye kafin a hana. A 2023 hukumar ta ba albasar Galmi da kilishin Nijar takardar shaidar asali. Kabewar gida ba ta da irin wannan gata. Ana sanin ta da siffa da ɗanɗano da garin da ta fito, alhali fakitin irin Waltham yana yawo duniya da sunansa da shekararsa. Tattara waɗannan iri na gida, da rubuta sunan ƙauyukansu da na matan da suka adana su, aiki ne da ɗalibin lise zai iya farawa da littafi da fensir a hutun kaka.